Tsakanin Haƙƙin Gida Da Abinda Zuciya Ke So: Tambayoyinku Kan Labaran 'Yan Matan Japan

TAMBAYA: Assalamu alaikum Anti, dan Allah a sakaya sunana. Ni matar aure ce a Gwammaja, ina da ƙanwa 'yar shekara 17 tana ajin ƙarshe a sakandaren kwana ta 'yan mata, hutun nan a wajena ta yi shi. Ran nan na ɗauki wayata da nake ara mata naga ta cika min ita da littattafan zanen nan na Japan masu manyan idanu, waɗanda aka fassara da turanci. Na buɗe ɗaya wlh sai da gabana ya faɗi, don soyayya ce tsakanin mace da mace. Na so na yi mata kaca-kaca a lokacin amma sai na daure nace bari na karanta naga iya inda abun ya tsaya, toh Anti abinda ya ɗaure min kai shine rabin labarin ba ma a kan soyayyar yake ba, a kan wata yarinya ne da kakanta yake da makaranta, babanta ya tafi yawon duniya ya bar gadon, ita kuma aka yi mata baiko da wanda bata so don kar makarantar ta fita daga hannun gidan, kuma ta yarda ko uffan bata ce ba. Ni da aka yi min auren zumunci ban taɓa buɗe baki ba sai gani ina hawaye a kicin. Tambayata biyu ce, meye asalin waɗannan labaran kuma me yasa suke haka, sannan na gaya wa Baba ne ko na ja bakina? Kinsan halin iyayenmu, in yaji cire ta zai yi daga makarantar gaba ɗaya ga jarabawa ta matso.

AMSA: Wa alaikumus salam 'yar uwa, Allah ya saka miki da kika karanta kafin ki ɗaga murya. Yadda kika kwatanta shi wannan Citrus ne, sunan mai zanen Saburouta, an fara buga shi a 2012 aka gama a 2018, kuma tun yanzu bari na faɗa miki ba na yara bane, akwai shafukan da ko babba sai ya kau da kai. Irin wannan rubutun gaba ɗayansa yuri suke ce masa a Japan, kuma yana da faɗi sosai, akwai wanda daga farko har ƙarshe bai wuce shaƙuwa da musayar wasiƙa ba akwai kuma na batsa zalla.

Abinda ya sa ki hawaye tsohon abu ne a adabinsu, ya girmi zanen da shekaru ɗaruruwa. Suna da kalmomi biyu da basa rabuwa, giri da ninjo. Giri shine haƙƙin da ke wuyanki, na iyaye da na miji da na ubangida da na duk wanda ya taɓa yi miki alheri, bashin da ba a rubuta ba amma kowa ya san ana binki. Ninjo kuma abinda ranki yake so. Akwai wani marubucin wasan 'yar tsana a Osaka, Chikamatsu Monzaemon, ya rasu a 1725, kusan duk wasanninsa na talakawan gari a kan rikicin nan biyu suke. A wani wasa da ya rubuta a 1720, wani mai sayar da takarda Jihei ya haukace a kan wata karuwa Koharu har sun yi alkawarin mutuwa tare, sai matarsa Osan ta rubuta wa Koharu wasiƙa a ɓoye tana roƙonta a matsayinsu na mata ta ceci ran mijinta, Koharu ta amsa, ta nuna masa kamar dama yaudararsa take alhali tana mutuwar sonsa. Da Osan ta gane cewa yarinyar nan kashe kanta za ta yi ita kaɗai saboda alkawarin da ta yi mata, sai ta buɗe adakarta ta kwaso kuɗin da ta ɓoye da kayan sawarta da na 'ya'yanta tace wa mijin ya kai jingina ya fanso matar da ke neman raba ta da shi. Tana cikin ɗaure kayan babanta ya shigo ya tisa ta a gaba zuwa gida. Kinga nan ba mugu ko ɗaya, kowa haƙƙin wani yake ƙoƙarin saukewa kuma shine ya hallaka su. Wasannin nan sun yi tasirin da sai da hukuma ta hana nuna irinsu 'yan shekaru bayan haka saboda masoya sun fara kwaikwayon kashe kai.

Yanzu ki ɗora wannan a kan yarinya mace. Dokar iyali da Japan ta kafa a 1898 ta ɗauki gida ne a matsayin abu guda mai shugaba, ba a aure sai da yardar maigidan, mace in bata kai 25 ba namiji in bai kai 30 ba dole sai iyaye sun sa hannu, babban ɗa shi ke gaje komai. In gidan ba ɗa namiji sai a nemo wa 'yar miji ya shigo ya ɗauki sunan gidan ya riƙe dukiyar, al'adar da har yau manyan gidajen kasuwanci suna yi. A 1899 kuma aka yi dokar buɗe makarantun gaba da firamare na 'yan mata a faɗin ƙasar, manufar a fili aka faɗe ta, a fitar da mace ta gari kuma uwa mai hikima. Sai ya zama 'yar masu hali tana da shekara huɗu ko biyar kacal tsakanin gidan ubanta da gidan mijin da za a zaɓa mata, a cikin katanga, ba namiji. A nan aka samu abinda suke kira S, siniya ta zaɓi juniya ta zama ƙanwarta, su dinga rubuta wa juna wasiƙa ana sakawa a akwatin takalmi, ana musayar ribom da 'yan kyaututtuka. In kin yi bodin kinsan uwar ɗaki da 'yar ɗaki, kakanninmu ma sun yi ƙanwar rana, toh mafi yawansa a nan ya tsaya, iyaye ma basu cika damuwa ba tunda sun san ranar yaye ɗalibai komai zai ƙare. Hankalin jama'a bai tashi sosai ba sai a 1911 da wasu 'yan mata biyu da suka gama makaranta ɗaya a Tokyo suka faɗa teku tare a yankin Niigata, jaridu suka yi ta yayatawa.

Wadda ta mayar da wannan rayuwar adabi ita ce Yoshiya Nobuko, an haife ta 1896 ta rasu 1973. Daga 1916 zuwa 1924 ta yi ta fitar da gajerun labarai a wata mujallar 'yan mata, jerin labaran sunansa Hana Monogatari, kowanne da sunan fure, kuma kusan duk a rabuwa suke ƙarewa, ko aure ko ciwo ko mutuwa. Akwai guda ɗaya da ba na mantawa, wata matashiyar malama da ta karɓi aikin koyarwa don ta kauce wa aure ta shaƙu da ɗalibarta har suka shirya tafiya Amurka karatu tare, ashe iyayen yarinyar sun riga sun yi mata miji, da ta ƙi sai suka zo wajen wa? Wajen malamar, suka roƙe ta tunda ita kaɗai yarinyar ke jin maganarta ta lallashe ta ta yi auren. Kuma ta lallashe ta. Da bakinta ta rusa abinda take so sannan ta hau jirgin ruwa ita kaɗai. Haka salon ya yi ta gangarowa, a 1998 Konno Oyuki ta fara Maria-sama ga Miteru, makarantar 'yan mata ta Katolika inda siniya ke rataya wa juniya carbinsu a wuya ta zama ƙanwarta, farkon haɗuwar taurarin ma ba komai bane illa babbar ta tsayar da ƙaramar a hanya ta gyara mata ɗaurin wuyan yunifom, amma ita babbar 'yar gidan attajirai ce da tun tana ƙarama aka ajiye ta wa ɗan uwanta. Auren zumunci dai irin namu.

Ni a ganina ƙarfin labaran nan, masu kyaun ciki nake nufi, shine basa mayar da yarinyar da ta yi biyayya sakarya, basa kuma mayar da iyaye dodanni. Yarinyar da kika karanta ba ɗaure ta aka yi ba, tana ganin tsohon nan ɗansa ya watsa masa ƙasa a ido, in ita ma ta tafi ba wanda ya rage masa, shi yasa ta haɗiye. Wannan ciwon duk macen da ta taɓa cewa toh Baba alhali ƙirjinta na ƙuna ta san shi, ko meye sunan wanda take so, kuma inaga shi ya taɓa ki ba ɗaya ɓangaren ba.

Sai maganar Baba. Hukunci dai ba ɓoyayye bane, addininmu bai halatta alaƙar jiki tsakanin mace da mace ba, dokar jiha da ta ƙasa ma sun hana, ƙanwarki ta san wannan tun a Islamiyya. Amma karanta labari ba hujja bace a kan yarinya, yara suna tura wa juna abubuwan nan ne a hostal kamar yadda muka yi ta ba juna aron littattafan soyayya a ƙarƙashin filo. Shawarata kar ki kai maganar gaban Baba yanzu, kar ki kai ta guruf ɗin 'yan uwa na WhatsApp, don sunan da za a laƙaba mata a rana ɗaya zai bi ta har ɗakin mijinta kuma ba mai iya goge shi, ga karatun ya tafi a banza. Ki zaunar da ita ku biyu, in so samu ne kuna wani aikin hannu ba ido cikin ido ba, kice kin karanta, ki tambaye ta wacce ta fi bata tausayi a ciki kuma me yasa, sannan ki yi shiru ki saurara. Yarinya 'yar 17 a ajin ƙarshe tana jin ƙus-ƙus ɗin da ake yi a gida a kan wanda za a ba ta, tana kuma ganin yadda naki ya kasance, zai iya yiwuwa tsoron nan ne ya kai ta ga labarin. Masu batsar ku goge tare ki faɗa mata dalili ba da zagi ba. In kuma ta buɗe baki tace akwai wata babba a makaranta da ke takura mata ko taɓa ta, wannan magana ce daban, ranar za ki sa Mama a ciki ku je wajen hukumar makarantar. In ruɗani ne a zuciyarta ita kanta, duka da tonon silili ba abinda za su ƙara sai ɓoyo, gara ace yayarta ce ta fara ji.

TAMBAYA: Anti barka da aiki. Ni ɗaliba ce a BUK kuma ina ɗan taɓa rubutu a Wattpad. Wata ƙawata tace labaran 'yan matan Japan ɗin nan ba su da maraba da littattafanmu na auren dole, wai jinsin masoyan kawai aka canza. Ni kuma ina jin akwai bambanci amma na kasa kama shi. Meye ra'ayinki?

AMSA: Ƙanwata kina da gaskiya, ƙawarki ma bata yi ƙarya ba a rabin farko. Kayan haɗin iri ɗaya ne, uba mai iko, yarinya mai kunya, miji da aka zaɓa don dukiya ko zumunci, kuma duka biyun mata ne suka fi rubutawa manya kuma suka raina. Namu ma ai ba a bar shi ya sha iska ba, a 2007 a garin nan aka tara littattafan soyayya aka cinna musu wuta ƙarƙashin shirin A Daidaita Sahu.

Bambancin shine a namu akwai ƙofa. Yarinyar da ke kuka a littafin kasuwar Kano abinda take nema halal ne, so take a aura mata wanda take so ko a barta ta yi karatu, saboda haka marubuciya tana da makami a hannunta, za ta kawo kawu mai hankali ko malami ko alƙali, za ta jawo hadisin da ya ce ba a aurar da budurwa sai an nemi izininta, ko labarin Khansa'u bint Khidam da Annabi (SAW) ya warware auren da babanta ya yi mata ba da sonta ba. Ko ikon tilastawa da malaman Malikiyya suka ba uba sai da suka kewaye shi da sharuɗɗa. Wato marubutanmu da addini suke yaƙar al'ada, ki duba Wa Zai Auri Jahila na Balaraba Ramat Yakubu, yarinya aka cire daga makaranta aka ba tsoho, ta fito ta koma karatu ta zama mutum, kuma mai karatu ya rufe littafin yana jin an yi adalci ba tare da an rushe komai ba.

A na Japan na farko ba ƙofar ko ɗaya, ba wani kawu da zai zo ya ɗaura, ba a ma da sunan da za a kira abinda suke nema, shi yasa labarin yake rayuwa da agogo a kansa, kowa ya san ranar yaye ɗalibai tana zuwa, furannin bazara za su zubo a watse. Duk daɗin da ke ciki daɗin abu ne mai ƙarewa. Ko a 1971 da Yamagishi Ryoko ta zana Shiroi Heya no Futari, wanda da yawa ke lissafawa cikin na farko a zane, da mutuwa ta rufe. Ita kanta Yoshiya ta zauna da wata malamar lissafi Monma Chiyo kusan shekara 50, da ta so ta bar mata gado ba hanyar da doka ta bata sai ta yi mata rajista a matsayin 'yarta a 1957.

Ƙasar ta canza, tsarin mulkin 1947 ya rushe ikon maigida ya ce aure sai da yardar ma'auratan biyu kawai, zuwa ƙarshen shekarun 1960 auren soyayya ya zarce na haɗi yawa. Daga 2015 unguwar Shibuya a Tokyo ta fara ba masu zaman jinsi ɗaya wata takardar shaida wadda ba ta kai matsayin aure ba. Amma giri bai mutu ba, kaya ya sake. A sababbin labaran da taurarin manyan mata ne ma'aikata ba ɗalibai ba, matsin ya koma waya daga gida ana tambayar yaushe za a ga jika, da wa zai yi jinyar tsofaffi. Akwai wani da aka fara a 2021 har gidan talabijin na NHK ya mayar da shi wasa a 2022, maƙwabta biyu ɗaya na son girki ɗaya na son ci, mai cin ta taso a gidan da ake zuba wa uba da ɗa namiji babban kaso ita da uwarta su ci saura, bayan ta girma ta kama kanta uban ya bugo waya wai ta bar aikinta ta dawo ta yi jinyar kakarta tunda ita ce mace. Wannan wayar ta fi duk wani baiko tayar min da hankali don na san gidaje nawa ne a Kano ake yin irinta.

Tunda kina rubutu, abinda zan so ki ɗauka a wajensu shine yadda suke ba haƙƙi fuska. Yawancin abinda nake gani a Wattpad uban mugu ne tun shafin farko, kishiyar uwa boka take bi, mijin da aka zaɓa mashayi ne, toh ina wahalar zaɓi a nan? Ki gwada rubuta uban da ya sayar da filinsa na Rijiyar Zaki ya biya mata kuɗin makaranta, bai taɓa ɗaga mata hannu ba, abu ɗaya tak ya taɓa roƙonta a rayuwarsa kuma shine wanda ba za ta iya ba.

TAMBAYA: Hajiya ina da shagon cajin waya da tura fina-finai a wajen Farm Centre. Yara suna yawan zuwa neman katun na Japan, ni kuma ba kallo nake ba saukewa kawai nake na tura. Ya zan gane wanda bai dace ba kar na jawo wa kaina magana?

AMSA: Malam sannu da ƙoƙari, kuma ka kyauta da ka tambaya. Abu na farko ka cire a ranka cewa katun na yara ne, a Japan ana yin sa wa kowane rukuni har da na manya zalla, kuma zanen fuskar ba ya nuna maka komai, mai manyan idanu da kayan makaranta zai iya zama na 'yan shekara 18 zuwa sama. Kafin ka sauke ka duba shafin bayanin fim ɗin, wajen da ake jera nau'insa. In kaga yuri ko GL ko shoujo-ai, toh na mace da mace ne, yaoi ko BL na maza ne, ecchi na nuna tsiraici ne, hentai kuwa batsa ce kai tsaye kar ma ta shiga kwamfutarka, ka san hukumar tace fina-finai da Hisbah suna leƙa shaguna irin naku. Littattafan zane da aka fassara a Amurka galibi suna da alamar shekaru a bangon baya, 13 ko 16 ko 18, amma waɗanda ake kwafowa a intanet sau da yawa an yanke bangon, sai ka nemi sunan ka karanta taƙaitaccen bayani. Kar kuma ka dogara da fassarar da ka taɓa gani da, misali Sailor Moon da aka fara nunawa a 1992 akwai mata biyu a ciki da masoya ne a asalin na Japan, da aka juya shi zuwa turanci a Amurka aka ce 'yan uwan juna ne, sabuwar fassarar kuma ta dawo da asalin, suna ɗaya amma abu biyu. Ka ware folda ta ƙananan yara daban wadda kai da kanka ka zauna ka kalli ko kashi biyu-biyu na kowanne, in yaro ɗan firamare ya zo da memori daga ita kaɗai za ka tura masa.